Minti Bakwai na Inna Shatu

Jidda, 9 ga Oktoba, 2023

Mahmudu,

Assalamu alaikum. Ina fata kana lafiya, kai da aikinka a Birnin Meziko. Mu nan alhamdulillahi. Yayana Nasir ya samu sauƙin bayansa, ya koma ma'aikata. Ƙanwata Ikilima ta haihu, mace, an mayar da sunan Inna. Ni ina nan a maɗaba'a ina gyara kurakuran mutane kamar kullum.

Na gama gaisuwa. Kada ka kira ni a waya, kada ka aiko da saƙon murya. Rubuta min, don wanda ya rubuta abu ba ya dawowa ya ce ba haka ya faɗa ba.

Jiya Ikilima ta turo min hoton wani allon talla da ta gani kusa da Bab Makka. Fim ne da za a nuna a nan Jidda cikin Disamba. A jikin allon akwai wata koriyar ƙofa, an shafa mata jan fentin nan na masu rusau. Ƙofar gidanmu ce ta unguwar Karantina. Na gane ta da ƙusar da Baba ya lanƙwasa ya yi mata sakata. A ƙasa an rubuta sunan mai ɗaukar hoto, Fermín Olvera, can ƙasa kuma sunanka da ƙananan haruffa.

Bari in tuna maka abin da ka sani. Ka zo Jidda aikin kwantiragi ba ka san kowa ba. Inna ta karɓe ka saboda kakarka da mahaifiyarta ciki ɗaya suka fito, ɗaya ta zauna a Gusau, ɗaya ta kama hanyar hajji da ƙafa ta tsaya a Sudan. Shekara biyu kana cin abincin Juma'a a gidanmu. Da ka ce kana so kai da mutumin nan ku ɗauki unguwa a fim kafin a rushe ta, na ce lungu naku ne, amma cikin gida a'a, domin Inna tana takabar Baba. Ka ce, "Halas, Yaya, na ji."

Yanzu Inna ta yi wata shida a ƙasa, ba ta nan balle in tambaye ta. Tambayata biyu ce. Ka shigar da mutumin nan gidanmu ina wurin aiki? Inna tana cikin fim ɗin?

Rahma

Birnin Meziko, 21 ga Oktoba, 2023

Yaya Rahma,

Wa alaikumus salam. Na yi murna da haihuwar Ikilima, Allah ya raya takwarar Inna. Allah ya jiƙan Inna da Baba. Ni lafiya lau, sai tari da ƙurar garin nan ta sa min.

Yaya, ba zan yi miki ƙarya ba. E, mun shiga gidan. E, Inna tana ciki, minti bakwai. Amma wallahi da kin gani da ba ki yi fushi ba. An nuna fim ɗin a wani ƙaramin zaure a nan, duk wanda ya ga Inna sai da ya share hawaye. Wata tsohuwa ta riƙe hannuna ta ce kamar uwarta take gani.

Ba ki san Fermín ba ne. Ba irin waɗanda ke zuwa da mota cike da fitilu ba ne. A wani ƙauye kan dutse aka haife shi, inda babu lantarki har ya kai shekara goma sha huɗu, uwarsa kuma kyandir take yi. Shi ya sa ba ya kunna fitila a wurin ɗauka, hasken da Allah ya saukar shi yake jira. Na taɓa ganinsa ya zauna awa biyar a kan bokiti yana jiran rana ta kai wani bango. Kyamararsa kullum a ƙasa take, daidai gwiwa, wai kada ta kalli mutum daga sama. In ya fara ɗauka ba ya yankewa sai abin ya gama kansa. Shekara ashirin ina aikin kyamara, a wurinsa na fara koyon kallo.

Gobe za mu tafi wani aiki cikin duwatsu. In na dawo zan rubuto miki komai dalla-dalla.

Ƙaninki,
Mahmudu

Jidda, 22 ga Oktoba, 2023

Mahmudu,

Allah ya sawwaƙe tarin. Ka sha zuma.

"Duk wanda ya ga Inna." Sau nawa na karanta wannan layi ban ƙirga ba. Matar da ta yi wata huɗu da kwana goma ko mai kawo ruwa bai ga fuskarta ba. Matar da aka yanke wa unguwa wuta, maƙwabta suka kwashe kaya, ta ce ba za ta fita daga ɗakin mijinta ba sai kwanakin sun cika, ko da katafila za ta hau kanta. Ita ce ka ɗauka ka kai wa mutanen da ba su san sunanta ba, suna zaune cikin sanyin zaure suna kuka. Kukan ya yi musu daɗi? Sun fita sun ci abinci bayan haka?

Ka ce ban san Fermín ba. Mahmudu, karatu ne sana'ata. Na nemo abin da aka rubuta a kansa da Larabci da Turanci, na karanta. Yana ɗan shekara ashirin da takwas ƙasa ta zaftare a wani ƙauye. Ya je ya kafa kyamara a gaban wata mata da ake binne ɗanta, ya cika allon da fuskarta minti huɗu bai yanke ba. Aka ba shi lambar yabo. Bayan shekara biyu matar ta ce ta daina zuwa kasuwa, domin duk wanda ya gan ta sai ya tsaya yana kallonta yana jiran ta sake yin wannan kukan. Wannan shi ne malaminka. Masu sharhi suna cewa haskensa yana da tausayi. Haske ba ya tausayi, yana faɗuwa ne a kan duk abin da aka buɗe masa. Mutum ne ke tausayi, ko ya ƙi.

Batun kyamara daidai gwiwa kuwa, ɓarawo ma yakan sunkuya in zai shiga ta taga.

Ga abin da nake so. A cire minti bakwai ɗin nan kafin Disamba. Ba a rage ba, a cire. A wancan zauren na Meziko ba wanda ya san mu. A nan Jidda matan Karantina za su zo, waɗanda aka watsa su unguwa-unguwa, su zo neman ƙofofinsu a allo. Abokan Baba za su zo. Ba za a nuna musu matar abokinsu Dabo cikin takaba ba ina da rai.

Ban gaya wa Nasir ba tukuna. Ka san shi.

Rahma

Jidda, 13 ga Nuwamba, 2023

Mahmudu,

Ina fata lafiya ce ta sa ka shiru. Mu lafiya.

Mako uku. Ko duwatsun naku sun haɗiye ka ne?

Nasir ya ji, ba daga bakina ba. Wani abokin aikinsa a Unguwar Masana'antu ya ce masa, "Mabruk, an ce gidanku ya shiga fim." Ya zo nan ya zauna bai sha shayi ba. Ya ce ni na kawo ka gidan, ni na ce kai ɗan'uwa ne. Ya ce in aka nuna Inna, kada a sake ambaton mutanen Gusau a gabansa. Zumuncin da tsofaffi biyu suka riƙe da saƙon baki a hannun alhazai shekara sittin, ga inda ka kai shi.

Na je ofishin masu shirya nunin. Wata yarinya mai ladabi, Wejdan, ta ba ni ruwa ta ce ba su da ikon taɓa fim, sai masu shi. Na nemi Razan, wadda ta shirya fim ɗin, ta ce wannan wurin na Fermín ne, abin da ya ce shi za a yi, kuma ita ma ba ta samunsa a waya.

To ka ji. In ranar ta zo ba a cire ba, zan sayi tikiti, in zauna a layin gaba, in miƙe tsaye a gaban allon minti bakwai cur. Ina da faɗin da zan tare rabinsa.

Rahma

Birnin Meziko, 20 ga Nuwamba, 2023

Yaya Rahma,

Assalamu alaikum. Lafiya lau nake, tarin ya tafi. Ruwan sama ne ya cinye hanya, muka maƙale a ƙauyen da babu layin waya. Shekaranjiya muka sauko, na tarar da wasiƙunki biyu. Na karanta, na fassara wa Fermín duka, har da maganar ɓarawo da taga. Ya cire tabarau ya daɗe yana gogewa.

Laifina ne da na rubuta miki rabin magana. Ga cikakkiyar.

Ranar muna ɗaukar lungu, bayan la'asar. Inna ta ji muryata ta kira ni daga ciki. Ta ce wane ne wannan da ya wuni a rana yana kallon bango kamar mai jiran wahayi? Na ce haske yake jira. Ta ce, "In haske yake so ya shigo, ga shi nan ya cika min tsakar gida ba ni na gayyace shi ba." Kin tuna an riga an rushe gidan Hajiya Bara'atu da ke yamma da ku. Inna ta ce shekara arba'in tana gidan nan, ranar la'asar ba ta taɓa sauka a tsakar gidanta ba sai da gidan Bara'atu ya tafi.

Na ce, "Inna, takaba fa, kuma Yaya Rahma ta hana." Ta ce, "Ni ke takabar ko Rahma? Ɗauko farin zanen gadon nan." Ita ta sa na shanya shi a igiya daga bango zuwa bango. Ta ce baƙo ya tsaya ta gabas, ita ta zauna ta yamma, rana a bayanta. Sai da ta sa na matsar da kujerarta sau uku. Fermín ya shigo kansa a ƙasa, bai ga komai ba sai zane. A kan zanen kuwa ga inuwar Inna, tana tankaɗe garin ƙuli na yaji, garin yana sauka kamar hayaƙi. Abin da ke cikin fim ɗin ke nan, Yaya. Inuwa a kan zane, da ƙarar rariya, da ƙarar katafila daga nesa. Ba wanda ya ga fuskarta, har shi.

Da muka gama ta ce, "Kada ka gaya wa Rahma, za ta yi min lacca da littafi a hannu." Na yi mata alkawari. Bayan rasuwarta kuma tsoro ne ya hana ni, ba alkawari ba.

Labarin matar nan da kika karanta gaskiya ne, shi da kansa yake ba da shi. Abin da ba a rubuta ba shi ne ya mayar da lambar yabon, ya bar fim shekara shida. Ya buɗe ɗan shago a kasuwa yana ɗaukar hoton katin shaida, wai yana so ya zauna inda kowace fuska da ƙafarta ta zo. Tun da ya dawo bai sake cika allo da fuskar mai baƙin ciki ba. Bayan mutum yake ɗauka, ko hannu, ko inuwa.

Na aiko miki da minti bakwai ɗin tare da wannan wasiƙa. Fermín ya ce ki kalla, ke da Nasir. In har yanzu kin ce a cire, zai cire da hannunsa, ba zai tambaye ki dalili ba.

Ƙaninki,
Mahmudu

Jidda, 24 ga Nuwamba, 2023

Mahmudu,

Muna lafiya. Jaririya ta fara gane mutane.

Na kalla. Kwana biyu na bar shi a waya ban buɗe ba, sannan na kalla a maɗaba'a lokacin hutun azahar, na rufe ƙofa.

Ita ce. Ɗan yatsanta na ƙarshe da ya karkace tun tana yarinya. Yadda take buga gefen rariya sau biyu, ta tsaya, ta sake bugawa sau biyu. Akwai inda katafila ta yi ƙara sosai, inuwar ta ɗaga kai, ta yi kamar daƙiƙa uku tana sauraro, sannan ta ci gaba da tankaɗe. Ni ban san haka take wuni ba. Ina fita da safe in dawo bayan magariba in tarar da ita cikin duhu da fitilar caji, in yi ta faɗa a kan ta tashi mu tafi. Ban taɓa ganin ranar nan a tsakar gidanmu ba. Baƙo daga Meziko ya gani, ni ban gani ba.

Kada ka ɗauka ka fita. Wata ashirin da wani abu kana riƙe da wannan, har muka binne ta, ka yi mana ta'aziyya ta waya ka yi ta addu'a, ba ka ce, "Yaya, ina da wani abu nata" ba. Wannan ban san ranar da zan yafe shi ba.

Yanzu zan tambaye ka abin da nake jin kunyar tambaya, bayan duk abin da na rubuta. Ranar da muka tashi daga Karantina, kwana biyu bayan cikar takaba, mota ɗaya muka samu. Akwatin hotuna yana cikin kayan da muka ce za mu dawo mu ɗauka. Da muka dawo babu lungun ma. Inna kuma ka san ta, in ka ɗaga waya sai ta ja mayafi. Abin da ya rage mana na fuskarta shi ne hoton iƙama, katin izinin zama, wanda ta ɗaure fuska kamar an kama ta da laifi. Mahmudu, na fara manta yadda bakinta yake in tana dariya. Ina rufe ido in nema, sai hoton iƙamar ya zo ya tsaya.

A minti na biyar akwai wurin da hoton ya yi tsalle. Rariya tana hannun dama, sai ga ta a hagu. Kai ka ce mutumin ba ya yankewa. To me aka yanke a nan? Na ga zanen yana motsi kafin wurin, iska ce. In iska ta ɗaga zanen, in kyamara ta kama ta ko da ƙiftawar ido ne, ina so. Ba don allo ba, don ni da Nasir da Ikilima. Ku bincika abin da kuka zubar.

Rahma

Birnin Meziko, 26 ga Nuwamba, 2023

Yaya Rahma,

Assalamu alaikum. Ina lafiya. Maganar shiruna ba ni da abin cewa, kin yi gaskiya.

Idonki bai yi kuskure ba. Iska ta taso daga wajen teku, ta fizge gefen zanen daga igiya. Ni ina tsaye a bayan Fermín. Kafin zanen ya kai ƙasa ya riga ya cire hularsa ya kife a bakin kyamara, ya juya fuskarsa bango. Bai kashe ta ba, hannunsa ne ya riga tunaninsa. Na ruga na mayar da zanen, sannan ya ɗauke hular.

Jiya mun zauna ni da shi mun bi wurin hoto bayan hoto, ko akwai guda ɗaya kafin hular ta rufe. Akwai gefen zane, akwai ƙafar kujera. Daga nan sai baƙi, daƙiƙa goma sha ɗaya. Babu fuska, Yaya. Na so in ce miki akwai.

Fermín ya ce in gaya miki wannan yadda ya faɗa. Shekara talatin yana ganin ya taɓa cutar da mace ɗaya da abin da ya ɗauka, bai taɓa zaton zai cutar da wata da abin da ya ƙi ɗauka ba. Ya ce ki yi haƙuri, amma ko yau aka sake, hular zai kifa.

Na aiko miki da baƙin duk da haka, domin na'urar sauti ba ta da hula. Ki sa abin kunne.

Ranar Litinin ake rufe gyara. Muna jiran hukuncinki.

Ƙaninki,
Mahmudu

Jidda, 27 ga Nuwamba, 2023

Mahmudu,

Lafiya lau muke.

Na saurara. Zane ya faɗi, takalminka yana gudu, sai Inna ta fashe da dariya, irin wadda take yi har ta ƙware. Ta ce, "Kai, Mahmudu, wannan baƙon naka ya fi 'ya'yana kunya. Yalla, ɗaure da kyau, rana za ta tafi."

Na kira Nasir da Ikilima jiya bayan la'asar. Muka zauna mu uku muna kallon waya baƙa ƙirin kamar marasa hankali. Nasir ya ce a sake. Muka sake. Ya tashi ya shiga banɗaki ya buɗe famfo, ya daɗe. Da ya fito ya ce, "Ai ita ta shirya abinta," ya ɗauki makullinsa ya tafi. Daga bakin Nasir wannan yarda ce. Bai ambaci Gusau ba, ni ma ban tayar ba.

Na yi fushi da hular nan kwana ɗaya cur. Wata ɗaya da rabi ina zagin mutum a kan ya buɗe uwata, yanzu ina jin haushinsa a kan ya rufe ta. Na san yadda wannan yake a ido, ba sai ka gaya min ba. Ka ce masa ban janye abin da na faɗa a kan matar da ake binne ɗanta ba. Maganar taga kuwa na janye.

Ga hukunci. A bar minti bakwai ɗin yadda suke. Matan Karantina su zo su ga ranar da ta shigo ta inda gidan Bara'atu yake. Bara'atu ma zan ɗauko ta da kaina, in ƙafarta ta yarda.

Sharaɗi biyu. Na farko, a wurin da aka rubuta sunan Fermín Olvera, a ƙara layi a ƙasa: hasken tsakar gida, Shatu matar Dabo. Ita ta zaɓi zanen, ita ta zaɓi wurin zama, ita ta san lokacin. Shi riƙe kyamara kawai ya yi, da hula. In yana da gaskiyar da kake faɗa, ba zai musa ba.

Na biyu, daƙiƙa goma sha ɗayan nan ba za su shiga fim ba, ba za a kai su wani zaure ba, ba za ka kunna wa kowa don ya share hawaye ba. Namu ne.

Na cire hoton iƙamar daga jikin madubi na sa a aljihun tebur. Yau da safe kafin in fita aiki na kunna baƙin, na rufe ido, sai ga bakin nata ya dawo, har da haƙorin da ya gutsure a gefen hagu. Na manta ma akwai shi.

In za ka zo Disamba, ka zo. Akwai abincin Juma'a. Ban ce zan yi maka magana ba.

Yayarka,
Rahma